Yadda Ake Shirya Zuwa Kallon Kiɗan Taiko a Kan Tsaunukan Kuju na Japan

Duk wanda ya taɓa tsayawa a Ƙofar Soro ta Katsina ranar Hawan Sallah, ko a ƙofar fadar Daura lokacin Sallar Gani, ya ji an buga tambari Sarki na shirin fitowa, ya san cewa babbar ganga ƙirji ke fara jin ta kafin kunne. Wannan sanin shi ne rabin guzurin mai niyyar kallon kiɗan taiko na mutanen Japan. Sauran rabin kuwa shi ne ya yarda ya ajiye wasu abubuwan da ya saba da su a gida, domin gangar Japan ba ta kiran sunan kowa, ba ta yi wa kowa take, kuma ba a tashi a yi wa makaɗinta liƙi. Na rubuta wannan bayani ne saboda 'yan'uwanmu da karatu ko kwas na aiki ko fatauci ke kai su waccan ƙasa, waɗanda da yawansu sukan je su dawo ba su ga komai ba sai ɗakin taro da tashar jirgin ƙasa da kantin kayan lantarki.

Kalmar taiko a harshensu ganga kawai take nufi, kowace iri ce. Ganga ta daɗe a ƙasar, domin a lardin Gunma an tono wani mutum-mutumin yumɓu na ƙarni na 6 yana rataye da ita, kuma an yi ƙarnoni ana buga ta a wuraren bautarsu da fagen yaƙi da bukukuwan ƙauye da wajen roƙon ruwa. Sai dai tsarin da ake kallo a dandamali yau, inda ake jera ganguna manya da ƙanana, makaɗa masu yawa su far musu lokaci guda, ba tsoho ba ne. A shekarar 1951 ne wani makaɗin jaz mai suna Daihachi Oguchi, a yankin Suwa na lardin Nagano, ya samu wani tsohon rubutun kiɗa na wurin bauta, ya rarraba shi ga ganguna masu girma daban-daban, aka sa wa wannan salo suna kumi-daiko, wato gangunan da aka haɗa. Duniya ta fara ganinsa sosai a wasannin Olamfik na Tokiyo a 1964. Saboda haka mai kallo ya riƙe a ransa cewa kayan kiɗan ne tsofaffi, salon wasan kuwa bai kai shekara tamanin ba, kuma tamburan fadojinmu sun girme shi nesa ba kusa ba.

Wurin da nake ba da shawarar a nufa yana tsibirin Kiyushu ne, a kudu maso yammacin Japan, cikin yankin birnin Taketa na lardin Oita. Ƙungiyar makaɗa da ake kira Drum Tao, wadda aka kafa a lardin Aichi a 1993, ta ƙaura zuwa tuddan Kuju a 1995, ta mayar da wurin gidanta da makarantarta. A watan Satumba na 2020 aka buɗe mata filin wasa na sarari mai suna Tao no Oka, wato Tudun Tao, a bisa tsayin mita 1,036 daga gaɓar teku, cikin gandun ƙasa na Aso da Kuju. Domin a kwatanta, birnin Katsina yana wajen mita ɗari biyar ne, Jos kuma wajen mita dubu ɗaya da ɗari biyu. Dandamalin ba shi da labule, ba shi da bango a baya. Abin da ke bayan makaɗan shi ne makiyaya mai faɗi da kololuwa biyar na dutsen Aso, wanda ɗaya daga cikinsu, Nakadake, har yau yana fitar da hayaƙi. Kwarin da aman wutar dutsen ya bari tun zamanin da ya kai kusan kilomita 25 daga arewa zuwa kudu, da kusan 18 daga gabas zuwa yamma, kuma mutane na zaune a cikinsa suna noma, har jirgin ƙasa ke ratsa shi. Ciyawar da ta lulluɓe tuddan nan ba da kanta ta tsaya haka ba, manoman yankin ne ke sa mata wuta kowace shekara wajen watan Maris don kada daji ya cinye ta, sa'an nan su saki jajayen shanunsu a ciki. Mutumin ƙasar Daura da ya tashi yana ganin shanu a fage ba zai ji baƙunta sosai a wannan wuri ba, ko da yake sanyin zai tuna masa cewa ba gida yake ba.

Fara da ranar wasa, ba da tikitin jirgi ba

Kuskuren da ya fi tsada shi ne mutum ya yanki tikitin jirgi tukuna, sa'an nan ya je neman ranar da za a yi wasa. Ba kullum ake kiɗa a wannan fili ba, domin makaɗan suna yawon wasa a biranen Japan da ƙasashen waje, kuma jadawalinsu a shafinsu na intanet suke fitar da shi. A can za ka fara, ka ga ranakun da aka tsayar, ka ga yadda ake sayen tikitin shiga, sa'an nan ka gina sauran tafiyar a kan wannan rana. Idan shafin ya buɗe maka da rubutun Japan, manhajar fassara ta waya ta isa ta fitar maka da kwanan wata da sa'a, kuma yana da amfani ka san cewa su shekara suke fara rubutawa, sai wata, sai rana.

Bayan jadawali sai yanayi, wanda a wasan sarari shi ne mai gida. Daga farkon Yuni zuwa tsakiyar Yuli suna da wata damina da suke kira tsuyu, ruwa ne da kan wuni yana zuba, hazo kuma ya rufe tsaunuka har mutum ba ya ganin abin da ke gabansa. Daga Agusta zuwa Satumba lokacin guguwar teku ne, kuma Kiyushu na cikin yankunan da ta fi dukansu. Daga Disamba zuwa Fabrairu dusar ƙanƙara ke sauka a Kuju, ba lokacin zama a fili ba ne. Abin da ya rage mai kyau shi ne ƙarshen Afrilu da watan Mayu, lokacin da sabuwar ciyawa ta tsiro bayan ƙuna, da kuma Oktoba zuwa farkon Nuwamba, lokacin da sama ta washe. A ganina Oktoba ya fi, saboda iska ta bushe kuma tsaunukan sukan fito tangaran. Wanda ya zaɓi Mayu ya guji makon farko, domin daga ƙarshen Afrilu zuwa wajen 5 ga Mayu hutun ƙasa ne mai tsawo, masauki ya yi tsada, jirage su cika. Haka tsakiyar Agusta, lokacin da suke komawa garuruwansu don tuna magabata. Ka kuma duba kalandar Musulunci, kada tafiyar ta faɗo maka cikin azumi ba ka shirya ba.

Dalilin da ya sa ruwa ke ɓata wasan kowane makaɗin kalangu ko ganga a garin nan ya san shi. Fata idan ta sha laima sai ta saki, amonta ya mutu, shi ya sa makaɗanmu ke shanya ganga a rana ko su ɗan gasa ta kusa da wuta kafin su fara. Gangunan Japan da fatar saniya ake rufe su, kuma babbar ganga guda takan ci kuɗin da ya isa sayen mota, don haka ba wanda zai bar ta ruwa na dukanta. Saboda wannan, ka ware kwana biyu a yankin, ba ɗaya ba, kuma ka sake duba shafinsu da safiyar ranar wasan kafin ka bar masauki.

Takardu da hanya

Ɗan Nijeriya yana buƙatar biza, kuma ofishin jakadancin Japan yana Abuja. Daga cikin abubuwan da ake nema akwai jadawalin zama, wato takardar da ke nuna inda za ka kwana da abin da za ka yi kowace rana, don haka ka sa Taketa a ciki tun farko. Wanda wata hukuma ko jami'a ta gayyata ya nemi izinin masu masaukinsa kafin ya ware ranakun. Babu jirgin da ke tashi kai tsaye daga Nijeriya zuwa Japan. Daga Kano ko Abuja ko Legas ake tashi, a sauya jirgi a Adis Ababa ko Doha ko Dubai ko Istanbul, a sauka Tokiyo ko Osaka, sa'an nan a shiga jirgin cikin gida zuwa Kumamoto ko Oita ko Fukuoka. Agogon Japan yana gaban namu da awa takwas, ma'ana lokacin da ake kiran sallar Asuba a Katsina su can rana ta riga ta karkata. Jiki yakan ɗauki kwana biyu ko uku kafin ya daidaita, saboda haka kada ka sa ranar kallo kashegarin saukarka, don kada ka sha wannan doguwar hanya ka je kana gyangyaɗi gaban ganga.

A nan dole in yi gargaɗi kan guzuri. Japan ba ta yarda a shigo mata da nama ko abin da aka yi da nama ba, kuma a filin jirgi akwai karnukan da aka horar don sansano shi. Kilishi da dambun nama, waɗanda matafiyinmu ba ya barin su, a bar su a gida. Ɗanyen goro da 'ya'yan itatuwa ma suna ƙarƙashin binciken tsirrai, ba a wucewa da su haka kawai.

Daga Fukuoka, jirgin ƙasa mai gudu da ake kira Shinkansen yana kai mutum Kumamoto cikin ƙasa da awa ɗaya. Daga Kumamoto akwai layin dogo na Hohi wanda ya ratsa kwarin Aso ya ɓulle Oita, kuma tashar da za ka sauka ita ce Bungo-Taketa. Girgizar ƙasa ta Afrilun 2016 ta yanke wannan layi, sai a Agustan 2020 aka gama gyara shi gaba ɗaya. Daga tashar zuwa tudun tafiya ce da ba ta kai awa ɗaya ba a mota, amma nan ne wahalar take, domin motocin haya na ƙauye kaɗan ne, kuma babu ɗan acaɓa ko mai Keke Napep da za ka ɗaga wa hannu a bakin hanya. Abin da ya fi sauƙi shi ne ka roƙi masu masaukinka su kira maka tasi, kuma tun kafin ka sauka daga cikinta ka tsayar da direban kan sa'ar da zai dawo ya ɗauke ka, ka rubuta masa ita a takarda da lambobi. Mai tunanin hayar mota ya tuka da kansa ya tuna cewa su a hannun hagu suke tuƙi, kuma hanyar tsauni ce mai lanƙwasa da hazo. Ka riƙe tsabar kuɗinsu, wato yen, domin a karkara ba ko'ina ake karɓar kati ba.

Ranar kallo

Ka isa wurin da wuri, kamar awa ɗaya kafin lokaci. Idan sun rubuta ƙarfe biyu, to ƙarfe biyu ne za a ɗaga sanda, ba irin ƙarfe biyun ɗaurin aure ba. Wannan awa kuwa ba asara ba ce, a cikinta za ka zagaya, ka yi alwala, ka zaɓi wuri, idonka ya ƙoshi da tsaunukan kafin kiɗa ya ɗauke hankalinka.

Game da sutura, ƙa'idar ita ce duk mita dubu da ka hau zafi yakan ragu da kusan maki shida, sa'an nan ga iska da babu abin da ke tare ta. Ko da ka baro ƙasa kana gumi, ka ɗauki rigar sanyi irin wadda kake sawa tsakiyar hunturu, da safa, da takalmi mai rufi. Babbar riga tana da kwarjini, kuma ba wanda zai hana ka sa ta, amma iskar tudu za ta riƙa yi mata filfilwa tana tare wa na bayanka gani, don haka kaftani da rigar sanyi a sama sun fi dacewa, hula kuma a danna ta sosai. Mata su riƙe allurar maƙale mayafi. Rigar ruwa ta leda ta fi laima, domin laima tana rufe wa mutane dandamali. Ka sa 'yar leda a aljihu don shararka, tunda kwandon shara ba shi da yawa a Japan, kowa da tasa yake komawa gida.

Zaɓen wurin zama yana da ɗan ilimi a ciki. Sauti yana tafiyar kusan mita 340 a daƙiƙa guda, haske kuwa nan take yake isowa, shi ya sa wanda ya zauna can nesa zai riƙa ganin sanda ta sauka kafin amon ya iso masa, kamar yadda ake hango mai faskare daga nesa gatari ya faɗi sa'an nan a ji ƙarar. A kiɗan da rabin daɗinsa shi ne daidaituwar hannu da amo, wannan ragi ne babba. Wanda kuma ya matsa gaba sosai zai ji gangar da ke kusa da shi ta danne sauran, kuma ba zai ga jerin makaɗan a matsayin abu guda ba. Tsakiya ta fi, daga nan kake samun makaɗan da tsaunukan cikin kallo ɗaya. A fili babu bangon da zai dawo da amo, kowane bugu yana fita ya tafi ke nan, shi ya sa kiɗan ke fita tsaf ba tare da gauraya ba, kuma shi ya sa iska idan ta juya takan kwashe sautin sarewa ta yi wani gefe da shi. Mai tafiya da ƙananan yara ya riƙe musu auduga ta toshe kunne.

Abin da za ka kalla da abin da za ka saurara

Kafin a fara, ka dubi gangunan da kyau, domin yadda aka ɗaure fatar shi ke gaya maka aikin kowace. Akwai waɗanda aka sassaƙe daga gungumen itace guda, kamar yadda masassaƙanmu ke fafe turmi, aka ja fatar aka kafe ta da ƙusoshi masu manyan kawuna jere a zagaye. Su ake kira nagado-daiko, kuma itacen da suka fi daraja shi ne keyaki, wanda akan yi shekaru ana busar da shi kafin a rufe. Mafi girmansu ita ce odaiko, wadda faɗin fuskarta kan wuce mita ɗaya, ana ɗora ta a kan gadon katako, makaɗin ya juya wa 'yan kallo baya ya ɗaga hannu sama yana dukanta. Ita ce za ta tuna maka tambari. Akwai ƙarama mai kaifin murya da ake ja da igiya, shime-daiko, wadda ke riƙe ma'aunin kiɗan don kada sauran su ɓace, aikin da kuntuku ke yi kusa da kalangu. Akwai kuma okedo-daiko, wadda ba a sassaƙa ta ba, fallayen katako ake harhaɗawa a zagaye kamar bokiti, ba ta da nauyi, ana rataya ta a kafaɗa a yi tafiya da rawa da ita kamar gangar noma. Sandunan kiɗan, bachi, miƙaƙƙu ne ba masu lanƙwasa irin na kalangu ba, kuma na babbar ganga kaurinsu ya kusa na ƙaramar taɓarya. Sana'ar yin gangunan gado ce kamar a wurinmu, akwai gidan Asano a lardin Ishikawa da ke yin su tun 1609.

Ba ganga kaɗai za ka ji ba. Akwai sarewar gora da ake busawa a karkace, shinobue, da shamisen mai tsirkiya uku wanda ya yi kama da molo, da koto mai tsirkiya goma sha uku da ake shimfiɗewa a gaba, da ƙananan faya-fayan tagulla da ake gwarawa, da wata ƙararrawar hannu mai aiki irin na kuge.

Inda kunnen Bahaushe ke buƙatar gyara shi ne wajen neman magana a cikin kiɗan. Kalangu yana magana ne saboda Hausa harshe ne mai hawa da sauka, makaɗi ya matse tsirkiya a hammata murya ta hau, ya saki ta sauka, sai ka ji ya kira sunan ɗan dambe ko ya yi wa mahauci take. Gangar da aka kafe da ƙusa ba ta da wannan, murya ɗaya gare ta daga ranar da aka rufe ta. Don haka makaɗin Japan da wasu abubuwa yake wasa: ƙarfin bugu, da saurinsa, da inda sanda ta sauka, ko tsakiyar fata ko gefenta ko kan katakon baki, sa'an nan da shiru. Yadda suke koyar da kiɗan ma ya nuna haka, domin da baki ake fara haddace shi kafin a taɓa sanda. Babban bugu a tsakiya shi ne don, biyu a jere da sauri doko, bugun katakon baki ka, wurin da ba a buga komai ba kuma shi ma yana da sunansa, su. Wannan na ƙarshe ya cancanci a tsaya a kansa. Sun ba shiru suna ne saboda suna ƙidaya shi cikin kiɗa, kuma tazarar da ke tsakanin bugu da bugu, wadda suke kira ma, a wurinsu ma'aunin gwaninta ce. Za ka ga makaɗa goma sun ɗaga sanduna sama sun tsaya cak, ba abin da kake ji sai iska a cikin ciyawa, har ka soma zaton an gama, sai su sauke gaba ɗaya kamar tsawa. A rufaffen ɗaki wannan shiru fanko ne, a kan tudu kuwa iska da kukan tsuntsaye ke cika shi, kuma a ganina wannan kaɗai ya isa dalilin hawa tsaunin maimakon kallon su a birni.

Ka sa ido kan ƙafafu da ƙugu, ba hannu kaɗai ba. Ƙarfin bugun daga ƙasa yake tasowa, shi ya sa suke buɗe ƙafa su durƙusa kamar 'yan kokawa. Akwai salon da ya fito daga tsibirin Miyake, inda ake ajiye ganga a kwance kusa da ƙasa a riƙa dukanta ta gefe, akwai kuma na garin Chichibu, inda makaɗi ke zaune ya kishingiɗa baya ganga na tsakanin ƙafafunsa, cikinsa ne ke ɗauke da nauyin jikinsa har a gama. Ihun da za ka ji suna yi tsakanin bugu ba kirari ba ne, ƙarfafa juna suke yi da daidaita numfashi. Drum Tao ta fi karkata ga wasan zamani, da tsalle da rawa da tufafi masu ado, don haka wanda ke neman tsantsar kiɗan ƙauye ba shi zai gani ba.

Ladabin kallo a wurinsu shi ne nutsuwa. Ba a hira, ba a amsa waya, ba a tashi a nufi dandamali. Kada ka yi tafi a cikin shirun nan da na ambata, ka jira har su sauke hannu ko su sunkuya. Idan suna son a taya su da tafi su da kansu za su nuna, kuma a lokacin ka saki hannu yadda kake so. Ɗaukar hoto da bidiyo ya danganta da abin da aka sanar a ranar, in an hana to a bari. Ba a ba makaɗi kuɗi a hannu, ba a ma ba direba ko mai kawo abinci tukuici a Japan, wanda wasan ya burge sai ya sayi wani abu a kantinsu. Yana da kyau kuma mai zuwa da iyali ya sani tun daga gida cewa maza da mata ke kiɗan tare, kuma mazan kan tuɓe riga wajen dukan babbar ganga. Wasan dandamali nishaɗi ne, ba ibada ba, saɓanin kiɗan bukukuwan ƙauye da yawa wanda ke haɗe da wuraren bautarsu.

Salla ba za ta ba ka wahala ba idan ka riƙe darduma da gorar ruwa. Abin lura shi ne alƙibla, domin mu a nan gabas muke fuskanta, a Japan kuwa yamma ce da ɗan karkata zuwa arewa. Akwai masallaci a Fukuoka da Kumamoto da Beppu, amma a kan tudu wuri mai tsabta a gefe za ka nema, ka nemi izini da ladabi. Abinci ne ke buƙatar hattara. Taliyar miya da Kiyushu ta yi suna da ita, tonkotsu, da ƙashin alade ake dafa romonta, a Kumamoto kuma ɗanyen naman doki ne abin alfaharinsu, sa'an nan sukan zuba giyar shinkafa a miya da yawa. Kifi gasasshe da farar shinkafa da dafaffen ƙwai da 'ya'yan itatuwa sun ishi mutum kwana biyu.

Wanda tafiyarsa ta tsaya a ɓangaren Tokiyo, Kiyushu ta yi masa nisa, yana da wata ƙofa. A tsibirin Sado na lardin Niigata akwai ƙungiyar Kodo, wadda ta fara fitowa a Jamus a 1981, kuma tun 1988 take shirya bikin kiɗa a watan Agusta tare da wasanni a sarari. Daga Tokiyo awa biyu ne a Shinkansen zuwa Niigata, sa'an nan awa biyu da rabi a babban jirgin ruwa. Almajiransu shekara biyu suke yi suna koyo, da gudu da noma a cikin horon, kuma akwai wata cibiya a tsibirin inda baƙo ke iya karɓar sanda ya gwada da kansa.

Idan an tashi daga wasa a Kuju, kada ka yi jinkirin sauka, domin da rana ta faɗi sanyi ke ƙaruwa, hazo ya taso daga kwari, kuma direban da ka tsayar zai iso a kan sa'ar da ka rubuta masa, ba bayanta ba. Kwana a Taketa ko a ƙauyen Nagayu ya fi a kama doguwar hanya da dare. Masaukan yankin da yawa suna da wurin wanka na ruwan zafi da ke ɓuɓɓugowa daga ƙasa, amma wankan taro ne ba tare da sutura ba, saboda haka ka tambayi ɗakin wanka na keɓe da ake kamawa na awa guda, sunansa kashikiri. Tsaraba kuwa, bachi biyu sun wadatar, ba su da tsada kuma ba su da nauyi, sai dai a sa su cikin jakar da za a auna, ba ta hannu ba. In ka dawo ka kai wa wani dattijo cikin makaɗan fada ya jinjina su a hannunsa, daga kaurinsu zai gaya maka girman gangar da aka yi su dominta.